Hayaƙin Taba da Hayaƙin Masana'anta: Tambayoyin da 'Yan Uwa Ke Yi Mini a Jidda da Makka

Shekara goma sha ɗaya na yi a Yanbu, garin masana'antu a Saudiyya, ina aikin kula da lafiyar ma'aikata a wata masana'anta, da na'urar auna iska maƙale a aljihun gaba tun safe har a tashi. Da na dawo Jidda sai ya zama duk inda aka taru, ɗaurin aure ko zaman makoki, da an ci abinci an wanke hannu sai wani ya matso ya ce, "Malam, kai da ka san harkar hayaƙi." Tambayoyin kusan iri ɗaya ne, daga nan har Makka da Madina, shi ya sa na tattara su wuri guda. Ni ba likita ba ne, magani aikin likita ne. Abin da na sani shi ne abin da ke yawo a cikin iska, sannan na yi wata bakwai a gefen gadon Kawuna ina kallon abin da hayaƙi ke yi wa huhu.

Wai me ke cikin hayaƙin taba ne? Ba ganye ba ne kawai?

Ganye ne kafin a kai masa wuta. Idan mutum ya zuƙa, garwashin bakin karan yana kai zafin kusan digiri 900, kuma a irin wannan zafi ganyen da takardar da kayan ɗanɗanon da aka zuba suna rikiɗewa su koma wasu abubuwa dabam. An ƙirga sinadarai fiye da 7,000 a hayaƙin. Aƙalla 250 an tabbatar suna cutar da jiki, kusan 70 kuma suna haddasa ciwon daji.

Ba sai an haddace su ba, amma a san manyan. Akwai kabon monoksaid, iskar nan da ke fita daga salansar mota da garwashin gawayi, wadda ba ta da launi ba ta da wari. Jini yana kama ta fiye da yadda yake kama iskar oksijin sau 200 da ɗoriya, don haka idan ta shiga sai ta zauna a kujerar iskar da zuciya da ƙwaƙwalwa ke jira. Akwai kwalta, baƙin danƙon da ke rina yatsu da haƙora. Akwai fomaldehaid, wanda ake jiƙa gawa da shi a makarantun likitanci kada ta ruɓe. Akwai sayanaid da akrolin, masu raunana 'yan ƙananan gasun da ke share hanyar numfashi, dalilin da ya sa tsohon mashayi ke tashi da tari da kaki da asuba ke nan. Sai ƙarafa: kadmiyam irin na batir, da asenik, da dalma, har da poloniyam-210 mai fitar da tururin nukiliya, wanda ganyen ke ɗauka daga ƙasa da takin fosfet.

Kadmiyam ne ya fi tsaya mini a rai. Ya kan taru a ƙoda, kuma sai an yi shekara 10 zuwa 30 kafin rabinsa ya bar jiki. Dalma kuwa ba baƙuwa ba ce a kunnen Bahaushe, ita ce ta kashe yara wajen 400 a ƙauyukan Zamfara a 2010. Ta cikin sigari ba ta kai wancan yawan ba ko kusa, amma ƙarfen dai shi ne.

To nikotin ne ke kisa?

Nikotin shi ne igiyar da ke ɗaure mutum. Cikin daƙiƙa 10 zuwa 20 ya isa ƙwaƙwalwa, ya ɗaga bugun zuciya, ya matse jijiyoyin jini, ya sa gobe ma a nema. Yawancin ɓarnar ciwon daji da lalacewar huhu sauran abokan tafiyarsa ne ke yin ta. Shi ya sa likita ke iya ba mai son dainawa cingam ko filastar nikotin, a raba shi da hayaƙin tukuna, sannan a sassauta igiyar a hankali.

Me ya haɗa sigari da bututun masana'anta?

Wuta. Duk abin da aka ƙona bai ƙone ƙurmus ba, ganye ne, itace ne, gawayi ko ɗanyen mai, 'ya'yan da yake haifa dangi ne.

Ɗauki benzin. A nan ƙasar mun saba ce wa man fetur banzin, amma benzin da masu kimiyya ke nufi sinadari ne guda a cikin man, mai ɗan ƙamshi, wanda aka tabbatar yana jawo ciwon dajin jini. A wurin aikinmu, idan za a buɗe layin da yake bi, sai an yi takarda, an auna iska, an sa abin rufe fuska. Shi ɗin nan yana cikin kowane karan sigari, kuma ga mashayi, mafi yawan benzin da ke shiga jikinsa ta nan yake bi. Na sha ganin ma'aikaci ya cika duk sharuɗɗan nan, ya gama aiki lafiya, ya tuɓe kayan kariya, ya fita bakin ƙofa ya kunna taba.

Tarihin ma ta bututu ya faro. A 1775 wani likitan tiyata a Landan, Percivall Pott, ya lura cewa masu share bututun hayaƙin gidaje tun suna yara suna kamuwa da ciwon daji a fatar maraina, ya ce kunkunniyar ce. A 1933 aka ware sinadarin benzopirin daga kwaltar kwal. A 1950 Richard Doll da Bradford Hill suka nuna alaƙar sigari da ciwon dajin huhu a Ingila. Benzopirin ɗin da ke cikin kunkunniya yana nan a kwaltar taba.

Idan haka ne, wanne ya fi cutarwa?

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce taba na kashe mutum fiye da miliyan 7 a shekara, fiye da miliyan 1 daga cikinsu ma ba su taɓa sha ba, shaƙa kawai suka yi. Gurɓatar iskar waje, da ta haɗa masana'antu da motoci da sauransu, an ƙiyasta ta kashe miliyan 4.2 a 2019. Duka biyun ba abin wasa ba ne. Hazon hayaƙin kwal da ya rufe Landan a Disambar 1952 ya kashe mutum wajen 4,000 cikin 'yan kwanaki, iskar gubar da ta ɓalle daga masana'antar maganin ƙwari a Bhopal ta Indiya a 1984 ta kashe dubbai. Ba zan wanke masana'anta ba, na san cikinta.

Sai dai ga mutum ɗaya, lissafin na tazara ne. Bututu dogo ne, hayaƙinsa sai ya gauraya da iskar sararin sama kafin ya sauko. Sigari kuwa tsakaninta da huhu tsawon ɗan yatsa ne. Abin da ya fi muni shi ne haɗa biyun, domin huhun da taba ta kashe wa tsintsiya ba ya iya share ƙurar wurin aiki. Ga wanda ya yi aiki da asbestos, ma'adinin nan mai zare-zare da ake sawa a kayan gini, kuma yana shan taba, haɗarin ciwon dajin huhu ninkawa yake yi, ba ƙari kawai ba.

Kawuna, Allah ya jiƙansa, ya yi shekara talatin yana fentin mota a Sana'iyya, unguwar masu gareji, yana shan kwali guda a rana tun yana saurayi. A ƙarshe hanyoyin numfashinsa suka toshe. A zaune yake salla, robar oksijin a hanci, Fatiha sai ya tsaya sau huɗu kafin ya kai ƙarshe. Wata rana bayan la'asar ya kama hannuna ya ce, "Ɗan nan, hayaƙin kamfanonin nan ne ya cinye ni." Na ce, "Kawu, da su, da fentin, da wannan." Na ɗaga gefen matashinsa, kwalin yana nan. Ya daɗe yana kallonsa bai ce komai ba, sannan ya ce in fita da shi.

Shisha fa? Ai ruwa yana tace ta.

Wannan tambayar ta fi kowace yawa, kuma matasanmu ne ke yin ta. Ruwan sanyaya hayaƙin yake yi, kuma sanyin ne ke sa a ja shi can ƙasan huhu ba tare da tari ba. Kabon monoksaid ratsa ruwan yake yi ya wuce abinsa, haka mafi yawan kwaltar da ƙarafan. Ga kuma gawayin da ke saman kan, wanda shi kansa wata ƙaramar masana'anta ce. Ƙamshin tuffa ko na'ana'a da ke cikin mu'assal, wato tabar shishar, ba ya rage komai, rufe warin kawai yake yi. Tun 2005 Hukumar Lafiya ta Duniya ta yi gargaɗin cewa a zama ɗaya, na minti 20 zuwa 80, mutum na iya zuƙar hayaƙin da yawansa ya kai na karan sigari 100 ko fiye. Yawan hayaƙin ake nufi, ba cewa kowane sinadari ya ninka ɗari ba, amma ko hakan ya isa.

Wani dare cikin sanyi abokai suka ja ni wata istiraha, wato gidan shaƙatawa, a bayan gari don kallon ƙwallo. Ɗaki ne rufe, shisha huɗu na ci, ga kaskon gawayi a lungu. Na manta na'urar aikina tana aljihun jaket. Ba a kai hutun rabin lokaci ba ta fara kuka, jar fitilarta na walƙiya. Aka yi tsit. Na ce musu da a masana'anta ta yi wannan kukan, wajibi ne in fitar da kowa waje. Wani yaro da ke kwance a gefe, wanda ba ya ma sha, ya ce tun ɗazu kansa ke sarawa, ya ɗauka yunwa ce. Muka buɗe ƙofa da tagogi, sai da aka jima sannan ta yi shiru.

Maigidana a falo yake sha, mukayyif na aiki. Yara suna ɗaki. Akwai matsala?

Akwai, Hajiya. Mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, irin na gidajenmu juya iskar ɗakin yake yi yana sanyaya ta, ba ya fitar da ita. Hayaƙi kuma yana bi ta ƙarƙashin ƙofa. Wanda ke tashi daga bakin karan ma, da bai bi ta auduga ba, ya fi wanda mashayin ya zuƙa yawan wasu gubobin. Babba da ke zaune da mashayi haɗarin ciwon zuciyarsa na ƙaruwa da kashi 25 zuwa 30 cikin ɗari, na ciwon dajin huhu da kashi 20 zuwa 30. Yara kuwa asma, ciwon kunne, nimoniya. Mai ciki tana iya haifar jariri marar nauyi, kuma hayaƙi na cikin abubuwan da ke jawo mutuwar jarirai ta farat ɗaya a cikin barci.

Ko bayan hayaƙin ya baje, saurarsa na maƙale a labule da kafet da kujeru da jallabiyarsa, mai rarrafe kuma komai baki yake kaiwa. Ki nemi lokacin da ransa ke sanyi ki roƙe shi, in ba zai iya bari yanzu ba, ya fita waje gaba ɗaya, kuma ban da cikin mota. In da hali a sa wani babba da yake jin nauyinsa ya yi masa magana.

Turaren wuta ma hayaƙi ne. Shi ma mu bari?

Ban ce a bari ba, gidan Bahaushiya a Makka ba turare ai bai cika gida ba. Amma gawayi ne da itace da mai ke ƙonewa, suna fitar da ƙananan ɓurɓushi da kabon monoksaid. A turara ɗaki taga a buɗe, lokacin da yara ba sa ciki, a fitar da kaskon da an gama. Kada a turara jariri, kuma gidan da ke da mai asma a rage sosai.

Sigari mai auduga, ko wadda ake ce wa mai sauƙi?

Duk kanwar ja ce. Mai sauƙin ƙananan huji aka yi wa audugarta, yatsu da leɓe kuma suna toshe su, sannan mashayi ya ƙara jan numfashi don ya kai nikotin ɗin da ya saba.

Shamma da tumbak ba su da hayaƙi. Sigarin lantarki ma haka.

Shamma da tumbak, tabar da ake dasawa a baki, ba hayaƙi, amma akwai dangin sinadaran nan da ake kira naitrosamin, waɗanda ke samuwa tun lokacin busar da ganyen da adana shi. Tumbak na Sudan na cikin tabar da aka samu da mafi yawansu a duniya. Wurin da ake dasa ta a leɓe ko kunci nan ciwon dajin baki ke fara tsirowa. Duk wanda ya ga farin tabo ko gyambon da ya wuce mako biyu bai warke ba a bakinsa, ya je a duba.

Na lantarki sinadaransa ba su kai na mai ƙonewa yawa ba, amma tururinsa ba na ruwa zalla ba ne. Akwai nikotin, akwai ɓurɓushin ƙarfe daga wayar da ke zafafa ruwan, in ya yi zafi da yawa har fomaldehaid. Abin da ke damuna shi ne yaran da ba su taɓa riƙe sigari ba, ta nan suke shiga.

Wutar nan da ke ci dare da rana a saman bututu a Yanbu da Jubail da Rabigh, guba ce?

Rarar gas ce ake ƙonewa, kuma ƙona ta ya fi sakin ta ɗanya. Idan harshen wutar ya yi tsabta, ƙonewar ta yi kyau. Idan ya taho da baƙin hayaƙi, ba ta ƙone duka ba. Farin gajimaren da ke tashi daga hasumiyar sanyaya ruwa kuwa yawanci tururi ne. Jubail da Yanbu tun 1975 aka kafa musu hukuma ta musamman, kuma ana auna iskarsu.

Waɗanda ido ba ya gani su ne abin kula. Salfa dayoksaid, daga ƙona mai mai nauyi a matatu da tashoshin lantarki, yana tayar da asma cikin mintuna. Iskokin naitirojin, daga injuna da motoci, idan rana ta buge su sai su haifar da ozon a ƙasa-ƙasa, mai sa ƙirji zafi da tsakar rana. Sai haidirojin salfaid mai warin ruɓaɓɓen ƙwai. Wannan mayaudari ne, in ya yi yawa sai ya kashe jin warin, mutum ya ɗauka ya wuce. Ya fi iska nauyi, yana kwanciya a rami, kuma ba a matata kaɗai yake ba, yana cikin bayyarar gidajenmu, wato ramin da ruwan ƙazanta ke taruwa. Idan wani ya faɗi a cikin bayyara, kada ɗan uwansa ya bi shi da sunan ceto. Haka ake rasa mutum biyu, uku a rami ɗaya. A kira 'yan kwana-kwana a 998.

Ni ba a babban kamfani nake ba, a gareji nake.

Kai ne ma na fi jin tsoro dominka. Babban kamfani yana da mai auna iska, gareji ba shi da kowa. Fentin mota mai haɗi biyu yana da sinadarin aisosayanet, wanda ke iya sa wa mutum asma ta dindindin. Tina tana taɓa ƙwaƙwalwa da hanta. Hayaƙin walda tun 2017 aka sa shi cikin jerin abubuwan da aka tabbatar suna jawo ciwon daji, hayaƙin dizal tun 2012. Mai fasa tsohon batir dalma yake kwasa a hannu da tufafi. Masu sana'ar sikirab da ke ƙona waya don su ciro jan ƙarfe, robar nan tana fitar da dayoksin, gubar da ke zama a kitsen jiki shekara da shekaru. A fere wayar da wuƙa, ko da zai ci lokaci.

Kada a ci abinci ko a sha taba da hannun aiki. A canza kaya kafin a shiga gida, a wanke su daban da na yara.

An ce madara ko laban na wanke ƙirji bayan aiki. Kammama kuma ta isa?

Hanyar jirgi daban, ta mota daban. Madara ciki take zuwa, hayaƙi huhu. A sha don abinci ce, amma ba ta wanke komai.

Kammamar asibiti, wato kyallen rufe hanci da baki, ba ta tare iskar guba. N95 tana tare ƙura idan ta zauna daram a fuska, amma tururin fenti da tina ratsa ta suke yi. Su sai mai gwangwani biyu na gawayin tacewa, a kuma riƙa canza gwangwanayen, mai feshin fenti mai haɗi biyu kuwa abin da ya fi masa shi ne wanda ake turo wa iska ta tiyo. Wani abu da ba a cika faɗa ba: gemu yana hana abin rufe fuska kamawa, iska ta riƙa shiga ta gefe. Akwai irin hular da ke rufe kai duka, mai ɗan injin tura iska, wadda mai gemu zai sa ba tare da ya taɓa gemunsa ba. A nemi mai wurin ya kawo ta.

Ranar da ƙura ta taso, ita ma guba ce?

Manyan ƙwayoyin hanci na tare su. Ƙananan, da ake kira PM2.5, sun fi silin gashi sirantaka kusan sau 30, suna kaiwa ƙarshen huhu har su shiga jini, ɗauke da abin da suka kwaso daga hayaƙin gari. Dattawan da suka zauna a gabashin ƙasar nan a 1991, lokacin da aka cinna wa rijiyoyin man Kuwait fiye da 600 wuta, suna ba da labarin yadda rana ta dushe da tsakar rana. A ranar ƙura mai asma da mai ciwon zuciya da tsoho su zauna a gida, a rufe tagogi, kuma ranar ce mafi muni da za a kunna taba ko gawayi a ciki.

Me dokar ƙasar nan ta ce?

Tun farkon shekarun 2000 aka ayyana Makka da Madina a matsayin biranen da ba a yarda da taba ba. A 2017 aka ɗora wa taba harajin kashi 100, a 2019 aka koma kwali marar ado. Ba a sayar wa wanda bai kai shekara 18 ba, kuma shan ta a wurin da aka hana tarar riyal 200 ce.

Na shekara ashirin ina sha. In na bari yanzu, akwai amfani?

Ƙwarai kuwa, Yaya. Cikin awa 12 kabon monoksaid ɗin jininka ya koma daidai. Cikin wata 1 zuwa 9 tari da haki sun ragu, ko da yake makonnin farko tarin na iya ƙaruwa saboda huhu ya fara shara, kada hakan ya karya maka gwiwa. Bayan shekara guda haɗarin ciwon zuciya ya ragu da kusan rabi, bayan shekara 10 na ciwon dajin huhu ma haka. Ka kira 937 na Ma'aikatar Lafiya ka tambayi asibitin daina shan taba mafi kusa da kai. Azumi dama ce babba, wanda ya iya haƙuri daga asuba zuwa magariba ya riga ya ci rabin yaƙin, matuƙar bai buɗe baki da ita ba.

Yaushe ne ya zama dole a tafi asibiti?

Idan mutum biyu ko fiye a ɗaki ɗaya suka kama ciwon kai, jiri da amai lokaci guda, ga gawayi ko shisha ko abin ɗumama ɗaki na ci, a fita da kowa waje nan take, a kira motar asibiti a 997. Kada a ce a kwanta a huta, a cikin barcin ake tafiya. Haka ciwon ƙirji mai bi ta hannu ko muƙamuƙi, ko karkacewar baki da nauyin harshe.

Wanda ba na gaggawa ba amma ba a jinkirta shi: tarin da ya wuce mako uku, jini a kaki ko da ɗigo ne, dushewar murya da ta ƙi tafiya, rama ba dalili, ko hakin da ya sa matakalar da ka saba hawa ta fara gagararka. Ka faɗa wa likita gaskiyar kara nawa kake sha da shekara nawa, kunya ba ta da wuri a nan. Ka kuma gaya masa sana'arka, domin ba kowane likita ne zai tambaya ba. In ba ka san sunan fentin ko tinar da kake aiki da ita ba, ka ɗauki hoton gwangwanin gaba da baya a wayarka ka nuna masa.